Kwamfutar Da Ba Ta Jiran Baba Ishmael

Akwai wani bawan Allah ɗan Kafanchan mai suna Wilfred, wanda ko gaisuwa a guje yake yin ta. Kafin ka gama cewa "ina kwana" ya amsa, ya tambayi iyalinka, ya amsa maka da kansa, ya wuce.

Kada ku ɗauke shi mugu, jama'a. Mutum ne mai kirki da sakin hannu, kuma yana son iyayensa ƙwarai. Aibinsa ɗaya ne: Allah ya ba shi kai mai sauri da yatsu masu sauri, shi kuma sai ya ɗauka kowa haka aka yi shi.

A shekarar 1997 yana aikin kwamfuta a wani kamfanin ɗab'i a Kaduna, yana haya a Sabon Tasha. A wancan zamani wanda ya iya kwamfuta kallon likita ake yi masa. In ya zo gida, har dattawan coci kan tsaya su ji abin da zai ce.

Mahaifinsa, Baba Ishmael, tsohon malamin firamare ne ɗan asalin Madakiya. Da kuɗin sallamarsa ya gina ɗan gidansa a Kafanchan, ba nisa da layin dogo. Mutum ne mai magana. Shi ke karanta nassi ranar Lahadi, shi ake kira in ma'aurata sun saɓa, kuma in ya soma ba da labari sai tuwo ya huce a kwano.

Sai ciwon shanyewar ɓarin jiki ya kwantar da shi. Ya tashi, amma bai tashi da bakinsa ba. Hannun dama ya mutu, na hagu yana rawa har ba ya iya riƙe biro. Kansa ma rawa yake yi ba tsayawa, ba ka iya bambance e da a'a. Hankalinsa kuwa garau, kuma wannan shi ne abin tausayin.

Wilfred ne ya samo masa mafita, dole a yaba masa. Akwai wata tsohuwar kwamfuta da wani ɗan mishan ya bar wa Baba lokacin da zai koma ƙasarsu. Irin mai tsarin DOS ce, baƙin allo da farin rubutu, ba hoto ba ado, sai abin da ka buga mata take yi. Wilfred ya saita ta yadda da an kunna za ta buɗe wurin rubutu kai tsaye, da manyan haruffa.

Da yatsa ɗaya Baba ya dawo cikin mutane. Yakan ɗaga hannun a hankali, ya yi ta lilo a sama, sannan ya sauka a kan harafi. Kalma ɗaya kan ci lokacin da za ka sha kofin kunu, amma tana fitowa. Da ita yake ce wa matarsa, Mama Selina, gishiri ya yi yawa. Da ita yake tsokanar amininsa Alhaji Nuru, ɗan kasuwar citta, wanda kakanninsa ma a kasuwar Kafanchan suka tsufa.

Kullum bayan la'asar Alhaji kan zo ya zauna gefen tebur. Zai yi tambaya, ya ɓare goro, ya yi ta tauna yana jiran amsa. In ta fito ya matso da tabarau ya karanta, ya fashe da dariya.

"Ticha, wato baki ya tafi amma tsiyar tana nan!"

Wilfred kuwa bai taɓa iya wannan zaman ba. Da Baba ya buga haruffa biyu sai ya ce, "Ruwa kake so? Rediyo? To, na gane," ya miƙe ya kawo. Wani lokaci ya dace, wani lokaci Baba ya karɓi abin da bai nema ba.

Da Kirsimeti ya zo, Wilfred ya sauka daga mota da tsaraba a kwali. Ya daɗe yana jin kunyar tsohuwar na'urar nan. Yaya za a ce ɗa yana aiki da sabbin kwamfutoci a Kaduna, uba yana fama da baƙin allo? Ya sayo ƙarin kayan ciki da sabon tsari mai launi da hotuna, wanda ake sarrafawa da mawus, ɗan abin nan da ake ja a kan tebur.

Mama Selina ta tsaya a bakin ƙofa tana kallonsa yana kwance sukurori.

"Wilfred, wannan abu shi ne bakin babanka fa. Kar ka ɓata shi."

"Mama, ba abin da zan goge. Tsohon yana nan, sabon yana nan. Wanda yake so shi zai shiga."

Gaskiya ya faɗa. Ya raba ma'ajiyar kwamfutar gida biyu, ya bar DOS a ɗaya, ya zuba sabon a ɗaya. Saura mai tsaron ƙofa, wato 'yar manhajar da masu aikin ke kira but loda. Ita ce ke fara tashi in an kunna na'ura, ta jera tsarin da ke ciki, ta tambaye ka wanne kake so.

Daga cikin baƙin allon ake girka ta. Wilfred ya zura disket, ɗan faifan da ke ɗauke da ita, ya buga umarni, ta soma yi masa tambayoyi. Wanne za a sa a sama, wanda za a shiga in ba a taɓa komai ba? Ya zaɓi sabon, don shi ne abin alfaharinsa. Tsawon wane lokaci za a jira mutum ya zaɓa? Ya buga daƙiƙa biyar, don haka suke yi a ofis, kuma ko biyar ɗin ma shi yana ganin ɓata lokaci ne.

Ya zaunar da Baba a gaban tebur.

"Baba, duba. In rubutun nan ya fito, ka danna kibiyar ƙasa, ka danna wannan babban. Shi ke nan, ka koma naka. Ka gani? Da sauƙi."

Yatsunsa suka yi tsalle biyu, baƙin allo ya fito. Baba ya dubi allon, ya dubi ɗansa, kansa yana rawa. Wilfred ya ɗauka e ce. Kashegari ya bi motar safe ya koma Kaduna, zuciyarsa fari ƙal.

Daga ranar Baba Ishmael bai sake rubuta ko harafi ɗaya ba.

Mama Selina tsoron na'urar take yi, iyakarta ta share ta, ta rufe ta da zane. Abin da take gani shi ne, maigida ya kunna, jim kaɗan allo mai launi ya fito, sai ya yi ta gurnani. Ran nan ya kama mawus ɗin, hannu na rawa, 'yar kibiyar da ke allo ta yi ta gudu ko'ina, har ya ture shi ƙasa. Bayan haka ya rage cin abinci. Yakan kwanta ya juya fuska ga bango.

Wanda zai zauna ya lura kuma ba ya gari. Lokacin citta ne, Alhaji Nuru ya shiga ƙauyuka saye, daga can ya raka kaya Legas.

Matan Zumunta na coci suka zo suka yi addu'a. Aka kai shi asibiti, likita ya duba, ya ce wataƙila ciwon ne ya soma taɓa tunani, gara a kai shi Kaduna inda akwai manyan likitoci. Mama ta aika wa Wilfred da saƙo ta hannun wani direba, ya zo a ƙarshen mako hankali a tashe.

Ya tarar Baba yana barci. Mama ta ja shi gefe.

"Tun da ka taɓa abin nan bai yi magana ba. Kullum wannan mai kala ne yana fitowa, baƙin ya ɓace."

Wilfred ya kunna, ya danna, ya danna, baƙin allo ya bayyana.

"Ga shi nan, Mama, lafiyarsa ƙalau. Na nuna masa inda zai danna. Maɓalli biyu ne kawai."

Ya kashe na'urar, ya zauna a bakin gado ya dafe kai. A ransa ya yanke cewa maganar likita gaskiya ce. Mutumin da ya koya wa rabin unguwa lissafi ya kasa tuna maɓalli biyu, to me ya rage? Hawaye suka zubo masa, kuma na gaskiya ne. Da yammar nan aka ɗauke wuta a unguwar, ba ta dawo ba har ya bar gari.

Kafin ya tafi ya durƙusa kusa da mahaifinsa.

"Baba, za mu koma Kaduna. Zan kama ɗaki biyu a Sabon Tasha, kai da Mama za ku zauna wurina gaba ɗaya. Ka yarda?"

Baba ya yi wani sauti daga maƙogwaro, ya damƙi hannun ɗansa da ƙarfi, kansa yana kaɗawa.

"Ka ga ya riƙe ni, Mama. Ya yarda. Ai shiru ma amsa ce."

Mama Selina ta san mijinta ko bikin dangi ya je Kaduna ba ya son kwana. Amma ɗanta ne mai ilimin, likita kuma ya faɗa, ita wace ce? Ta soma ɗaure tukwane, ta raba kajinta ga maƙwabta, tana yi tana share ido da bakin zane.

Ranar tafiya Wilfred ya iso da hantsi da wata motar ɗaukar kaya, direban sunansa Sambo. Aka soma fitar da katifu da buhunan masara. Wuta ta dawo tun jiya. Wilfred ya nufi ɗakin Baba da kwali a hannu don ya naɗe kwamfutar.

A bakin ƙofa ya ci karo da Alhaji Nuru, wanda ya dawo daga Legas shekaranjiya. Tun safe yake zaune a ɗakin, ya zo sallama da amininsa.

"Baba Alhaji, ina kwana, ya hanya, bari in wuce in ɗauki..."

Alhaji ya riƙe masa hannu.

"Tsaya, ɗana."

"Mota na jira, Baba Alhaji."

"Ta jira. Ni ban san komai a wannan na'ura taku ba, citta na sani. Amma jiya na wuni a nan, yau ma tun safe. Abu ɗaya yake ta yi. Ya kunna, ya miƙa hannu, ya kashe. Ya kunna, ya miƙa hannu, ya kashe. An ce mini ya manta komai. Wanda ya manta, me yake miƙa wa hannu?"

Wilfred ya leƙa. Baba na zaune a gaban tebur, ya ba su baya, sanye da rigar tafiya da Mama ta sa masa. Wilfred ya yunƙura zai shiga, Alhaji ya ƙara matse hannunsa.

"Kada ka taimake shi tukuna. Kalla kawai."

Baba ya danna makunni. Na'urar ta yi ƙara, rubutu ya gudana, sai ga layi biyu sun fito, sabon tsari a sama, DOS a ƙasa, lamba tana raguwa a gefe.

Hannun Baba ya tashi. Ya yi rawa, ya kauce hagu, ya dawo. Kai tsaye wurin kibiyar ƙasa ya nufa, ba wani wuri ba. Yatsan yana gab da sauka lambar ta ƙare, allo ya yi duhu, ya dawo da launi da hotuna. Yatsan ya sauka a kan kibiyar bayan an riga an rufe ƙofa.

Baba ya tsaya yana numfashi. Sannan ya kai hannu ya kashe, ya sake kunnawa.

Wannan karon ya yi dabara. Ya ɗora hannun kusa da maɓallin tun kafin rubutun ya fito. Amma hannun ba ya zama wuri ɗaya, rawa ta zame da shi. Ya samu kibiyar da ƙyar, layin ya sauko kan DOS, sai dai yatsan ya bugi ta sama garin ɗagowa. Launi ya sake fitowa.

Kwalin ya faɗi daga hannun Wilfred.

Bai manta ba. Tsohon nan bai manta komai ba. Tun daga Kirsimeti yake tsere da daƙiƙa biyar, kullum ana kayar da shi, kuma ɗan cikinsa ne ya shata masa tseren. Yana ji ana cewa hankalinsa ya gushe, yana ji ana ɗaure kayansa, yana kallo ana raba kajin matarsa, ba shi da bakin cewa a'a. Wilfred ya ji kunya irin wadda bai taɓa ji ba. Garin neman gira ya kusa rasa ido.

A waje Sambo ya danna hon.

"Oga, rana yana yi fa! Hanya ba kyau!"

Wilfred bai ko waiwaya ba. Ya shiga, ya durƙusa gefen kujerar.

"Baba, na gani. Yanzu na gani. Ka ba ni wuri kaɗan."

Ya buɗe jakarsa ya lalubo disket ɗin nan. Ya zura, ya tayar da na'urar zuwa baƙin allo, ya buga umarnin girka but loda daga farko. Yau yatsun nan masu tsalle su ma sun yi kuskure, har sai da ya goge ya sake bugawa.

Ta tambaye shi wanne za a sa a sama. Ya zaɓi DOS. Ta tambaye shi tsawon jira. Ya daɗe yana kallon wurin. Sannan ya cire ƙidayar gaba ɗaya, ya saita ta yadda za ta tsaya har sai an taɓa ta, kuma maɓalli ɗaya ya isa, babban nan da ba a kuskurensa.

Ya zare disket, ya kashe, ya ja da baya.

"Kunna da kanka, Baba."

Baba ya kunna. Layi biyu suka fito, ba lamba a gefe. Hannun ya tashi, ya yi lilonsa, ya kauce, ya dawo. Allon yana nan yana jira. Yatsan ya sauka, wurin rubutu ya buɗe.

Mama Selina ta shigo da tsintsiya a hannu, ta tsaya cak.

"Yesu na! Baƙin ya dawo!"

Harafi na farko ya fito, aka daɗe, na biyu ya biyo. Bakin Wilfred ya buɗe don ya ƙarasa kalmar kamar yadda ya saba, sai ya cije leɓe. Ya zauna a ƙasa ya harɗe hannuwa. Sambo ya gaji da hon, ya zo ya leƙa ta taga, ya tsaya kallo.

Da layin ya cika, Alhaji ya gyara tabarau ya karanta da ƙarfi.

"Ba na zuwa Kaduna. A sauke kayana."

Mama ta zauna a bakin gado ta fashe da kuka tana dariya. Alhaji ya juya wajen taga.

"To direba, ka ji maigida ya yi magana."

Hannun bai tsaya ba. Wilfred ya sunkuyar da kai yana jiran faɗa, don ya san ya ci a yi masa. Aka daɗe, har inuwar mangwaron tsakar gida ta matsa. Wannan karon Alhaji bai karanta ba, ya taɓa kafaɗar Wilfred.

"Wannan naka ne."

Wilfred ya ɗago ya duba.

"Na san alheri ka nufa. Kada ka yi kuka. Amma zauna nan kusa da ni. Maganata tana da yawa, hannuna kuma ba ya sauri."

Wilfred ya sallami Sambo. Ya jawo kujera ya zauna, ya aika Kaduna cewa ba zai zo aiki ranar Litinin ba. Har rana ta faɗi yana nan, bai ƙarasa wa mahaifinsa ko kalma ɗaya ba.

Darasi: Kada ka auna wa mai rauni lokaci da saurin hannunka. Sau da yawa wanda muke cewa ya yi shiru, ko ya manta, ko ya yarda, mu ne ba mu jira shi ya gama ba. Kafin ka yanke wa tsoho ko majinyaci hukunci, zauna ka kalli yadda yake fama da abin da ka ce mai sauƙi ne, don alherin da ba haƙuri a cikinsa yana iya zama cuta. Ku tura wannan ga duk wanda ke da dattijo a gida, wataƙila akwai wani Baba Ishmael da hannunsa ke kan hanya yanzu haka.